Jirgin Ruwa da Jirgin Ƙasa a Duwatsun Norwe: Yadda Za Ka Haɗa Tafiyar Yini Ɗaya da Kanka

Ba a rasa ɗan Sakkwato da taro ko karatu ke kaiwa ƙasar Norwe: malami daga Jami'ar Usmanu Danfodiyo da ya je gabatar da takarda, likita da aka tura kwas, ko ɗalibi da ya samu gurbin karatu. Galibi yini ɗaya tak ke rage wa mutum kafin ya juyo gida. In haka ne, yinin nan a kai shi yammacin ƙasar, inda teku ya kutsa tsakanin duwatsu ya yi dogayen rassa masu zurfi da ake kira fiyod. Ƙanƙarar zamanin da ce ta sassaƙe kwarurrukan, da ta narke shekaru kusan dubu goma da suka wuce sai ruwan teku ya cike gurbin.

Tafiyar ba ta da ɗan jagora. Babu mai riƙe da tuta yana ƙirga kawuna, babu mai cewa a jira Alhaji ya dawo daga bayi. Ababen hawa biyar ne na haya, kowanne da lokacinsa: jirgin ƙasa daga birnin Bergen zuwa Voss, bas daga Voss zuwa Gudvangen, jirgin ruwa daga Gudvangen zuwa Flåm, jirgin ƙasa mai hawan dutse daga Flåm zuwa Myrdal, sai wani jirgin ƙasan daga Myrdal ya maido ka Bergen. Kamar raƙuman ayari suke da aka ɗaure da igiya ɗaya, in na gaba ya durƙusa, na baya ma sun tsaya. Duk dabarar tana wajen sanin inda za ka matse lokaci da inda za ka bar sarari.

Kafin ka bar Sakkwato

Norwe ba ta cikin Tarayyar Turai, amma tana cikin yankin Shengen, don haka bizar Shengen ce ke shigar da kai, tare da inshorar lafiya da ta kai yuro 30,000. Babu jirgin sama da ke tashi kai tsaye daga Najeriya zuwa can. Daga filin jirgin Sultan Abubakar III za ka sauka Abuja ko Legas, sannan ka yada zango a Istanbul, Frankfurt ko Amsterdam. Daga filin jirgin Bergen akwai ƙaramin jirgin ƙasa na cikin gari da ke kai mutum tsakiyar birni cikin minti 45.

Kuɗinsu krone ne, ba yuro ba, kuma kusan komai da kati ake biya, har kuɗin shiga bayi a wasu tashoshi. A nan ne mutanenmu suka fi shan wahala. Katin naira yakan ƙi aiki a waje, ko ya yi aiki amma da ƙaramin iyaka. Ka tafi da katin asusun dala, ka gwada shi a intanet tun kana gida, ka kuma sanar da bankinka cewa za ka yi tafiya. Abin da ya fi wannan muhimmanci: ka sayi tikitocin duka tun kana Sakkwato. In ka bari sai ka isa, bankin zai tura lambar tabbatarwa zuwa layinka na Najeriya, layin kuwa wataƙila ba ya kamawa a can, sai ka tsaya kana kallon kujerun suna ƙarewa.

Kada ka saka kilishi, dambun nama ko man shanu a jaka. Doka ta hana shigo da nama da kayan madara daga ƙasashenmu, kuma in an gani ƙwacewa za a yi. Ka nemi adafta mai ƙafa biyu zagayayyu, domin filoginmu mai ƙafa uku ba ya shiga soket ɗinsu.

Daga ina za a tashi?

Daga Bergen. Zagayen yakan ci awa 10 zuwa 12 ka dawo masaukinka. Masu tashi daga Oslo, babban birnin ƙasar, su koma Oslo a rana ɗaya sukan shafe awa 15 ko fiye, kuma mafi yawanta a zaune cikin jirgin ƙasa, domin tsakanin Oslo da Myrdal kaɗai kusan awa biyar ne. In taronka a Oslo yake, ka mai da tafiyar hanya ɗaya: ka tashi Oslo da safe, ka sauka Myrdal, ka gangara Flåm, ka hau ruwa zuwa Gudvangen, ka kwana Bergen. Ribar wannan ita ce za ka ratsa tashar Finse, wadda ke mita 1,222 sama da teku, mafi tsayi a layin dogon da aka buɗe a 1909. Hasararsa kuma ita ce jan akwati a kowace tasha.

Ga mai tashi daga Bergen, ya fi kyau ya fara da ruwa ya ƙare da dogo. Dalilin ba na kyan gani ba ne. Bas ɗin Voss da jirgin ruwa su ne haɗin da ya fi tsauri, gara a gama da su da safe, lokacin da in abu ya lalace akwai sauran yini na gyara.

Sayen tikiti

Hanya biyu ce. Kamfanin Fjord Tours yana sayar da tikitocin a dunƙule da sunan Norway in a Nutshell. Ba jagora za su ba ka ba, jadawalin kawai suka jera maka, suka ɗora ladansu a kai. Ga wanda bai saba da manhajojin waya ba, ko wanda ke tafe da iyali, ƙarin kuɗin bai ɓaci ba. Hanya ta biyu ita ce ka sayi kowanne da kanka, ta fi sauƙin kuɗi, kuma kai ke zaɓen tsawon zamanka a Flåm.

In da kanka za ka saya, kada ka bi jerin tafiyar, ka bi jerin ƙarancin kujera. Fara da jirgin ruwan Gudvangen zuwa Flåm, wanda ake samu a shafin Norway's Best. Jiragen lantarkin da ke wannan hanya mutum 400 suke ɗauka, kuma daga Yuni zuwa Agusta na tsakar rana yakan cika makonni kafin ranar. Bayan shi sai jirgin Flåm. A nan akwai dabarar da take ceton mutum: ka sayi Flåm zuwa Bergen a matsayin tikiti ɗaya a manhajar Vy, kamfanin jirgin ƙasa, maimakon Flåm zuwa Myrdal daban, Myrdal zuwa Bergen daban. In tikiti ɗaya ne kuma jirgin farko ya makara, nauyin kai ka gida yana wuyansu. In biyu ne, za a iya ce maka ka sayi sabo. Daga nan sai jirgin safe na Bergen zuwa Voss, sannan bas mai lamba 950 na hukumar sufuri ta Skyss daga Voss zuwa Gudvangen. Manhajar Entur tana nuna jadawalin jirage da bas na ƙasar baki ɗaya, da ita za ka auna ko haɗin ya yi daidai.

Tikitin Vy mafi araha ba a mayar da kuɗinsa, ba a kuma canza masa lokaci. Kada ka saye shi alhali bizarka ba ta fito ba.

Wajen rubuta sunaye a manhaja, in wayarka ba ta da harafin å, rubuta Flam zai wadatar. In kuma tambaya za ka yi da baki, ka ce "Flom", haka masu garin ke faɗa. Kusan kowa yana jin Turanci.

Da ka gama saye, ka ɗauki hoton kowane tikiti ka ajiye a waya, ka kuma buga su a takarda. Hanyar tana yawan ratsa ramukan dutse, sabis yana ɗaukewa, sanyi kuma yana shanye batir da sauri.

Yadda yinin ke tafiya

Jadawali yana canzawa da yanayin shekara, amma siffarsa kusan ɗaya ce. Jirgi ya bar Bergen wajen ƙarfe 8 na safe, ya isa Voss bayan awa ɗaya da kwata ko makamancin haka. Ƙarfe takwas ɗinsu takwas ce. Ka kasance a kan dandamali minti 15 kafin lokaci, domin ƙofofi kan rufe kafin jirgin ya motsa, kuma ba a buɗe wa mai gudu.

A Voss tashar bas tana manne da ta jirgi. Ka duba lamba da sunan Gudvangen a goshin motar, kada ka bi taron jama'a kawai, saboda wasu motocin na ƙungiyoyin ƴan yawon buɗe ido ne da suka yi shata. Tafiyar kusan awa ɗaya ce. Ka zauna ta hagu, kilomita 12 daga Voss za ka ga Tvindefossen, ruwa na gangarowa daga dutse mataki-mataki.

Gudvangen ƙaramin wuri ne a ƙarshen fiyod, duwatsu sun tsare shi ta ko'ina. Ka tabbata akwai aƙalla minti 30 tsakanin isowar bas da tashin jirgin ruwa. Ka yi bayi a nan, ka shiga layi da wuri.

Awa biyun da ke biye su ne dalilin tafiyar. Jirgin zai fara bin Nærøyfjord, mai tsawon kusan kilomita 17, wanda hukumar UNESCO ta sa cikin wuraren gadon duniya a 2005 tare da wani fiyod mai suna Geirangerfjord. A inda ya fi ƙunci faɗinsa mita 250 ne kawai, duwatsun gefe kuma sun haura mita 1,000, sai ka ɗaga kai sosai kafin ka ga ƙarshensu. Jirgin lantarki ne, ba ƙarar inji, har kana iya jin faɗowar ruwa daga saman dutse. An gina shi da hanyar tafiya da ke zagaye jikinsa tana hawa sama, saboda haka ba sai an yi kokawar taga ba. Mafi ƙuncin wurin yana cikin kashin farko in daga Gudvangen aka taso. Kuskuren da aka fi yi shi ne mutum ya shiga ya tsaya layin sayen shayi, kafin ya fito an wuce wurin. Ka fita waje tun jirgin bai tashi ba, shayin ya jira.

Daga nan jirgin zai karya dama ya shiga Aurlandsfjord, wanda ya fi faɗi. Dukansu rassa ne na Sognefjord, mai tsawon sama da kilomita 200 da zurfin da ya haura mita 1,300 a wani wurin. Ta hannun dama za ka ga wata gona maƙale a kan gaɓar dutse, sannan ƙauyen Undredal, wanda ya yi suna da awaki da cukunsu mai launin ƙasa-ƙasa, mai ɗan zaƙi. Wanda bai taɓa hawa ruwa ba kada ya ji tsoron jiri ko amai, ruwan kwance yake, duwatsu sun kare shi daga igiyar teku.

Abin da ke kayar da mutum a jirgin nan sanyi ne. Ko a watan Yuli, da zafin Bergen bai cika wuce digiri 20 ba, iskar kan ruwa tana ratsa shadda kamar babu komai a jiki. Rigar sanyin da ake sawa da hunturu a Sakkwato ba za ta isa ita kaɗai ba. A sa kaya hawa uku: na ciki mai kama jiki, suwaita mai kauri, sai jaket da ba ya shan ruwa kuma yana tare iska. A ƙara hular sanyi da safar hannu. Hula ƙube ko zanna a sa ta cikin jaka, iska za ta iya jefa ta ruwa. Hajiya ta sa dogon wando mai kauri a ƙarƙashin abaya, ta kuma zaɓi hijabin da ba ya tashi sosai. Takalmi ya zama rufaffe mai kama ƙasa. Lema ba ta da amfani a kan jirgi. Ruwan sama kuwa a sa shi a lissafi kullum: Bergen tana samun sama da milimita 2,000 a shekara, wajen ninki uku na abin da Sakkwato ke samu. Manhajar Yr ta hukumar yanayinsu ita ce abin dubawa. In ta nuna ruwa, kada ka fasa, domin a ranar ruwa ne magangarun ke cika. Hazo mai sauka ƙasa ne kaɗai ke ɓata kallo.

Flåm: a nan za ka bar sarari

Ka ba kanka awa ɗaya da rabi zuwa biyu a Flåm. Nan ne wurin salla, abinci da huce gajiya, nan ne kuma duk wata makara ta safe za ta narke ba tare da ta taɓa jirgin yamma ba. Garin na ƴan ɗaruruwan mutane ne, amma in babban jirgin ruwan yawon shaƙatawa ya tsaya, dubbai ne ke sauka lokaci guda, layin abinci ya miƙe. Tashar jirgin ƙasa tana dab da inda jirgin ruwa ke tsayawa, tafiyar minti biyu zuwa uku. Akwai gidan tarihin layin dogon a gefe, shiga kyauta.

Wasu kan so su matsa su je Stegastein, wani dandamali da ya miƙo mita 30 daga jikin dutse, mita 650 sama da ruwa. Wurin ya cancanci gani, amma zuwa da dawowa yana cin kusan awa ɗaya da rabi. In zamanka a Flåm bai kai awa uku ba, ka haƙura.

Abinci yana da tsada ƙwarai, naman halal kuma ba a sa ran samunsa a nan. Gara ka sayi guzuri a kantin Rema 1000 ko Kiwi a Bergen tun daren jiya: burodi, kifin gwangwani, ayaba, dabino. Yawancin manyan kantuna ba sa buɗewa ranar Lahadi. A jikin kaya ka kula da kalmomi uku: svin alade ne, skinke cinyar alade, pølse kuma tsiran da galibi akwai alade a ciki. Laks kifi ne, da shi za ka tsira. Ruwan famfo ana sha, ka tafi da gora ka riƙa cikawa.

Salla

Bergen da Sakkwato kusan a kan layi ɗaya suke daga arewa zuwa kudu, don haka rana tana yin tsaka a garuruwan biyu a lokaci guda. Daga ƙarshen Oktoba zuwa ƙarshen Maris agogonmu da nasu ɗaya ne, sauran watannin suna gabanmu da awa ɗaya. Ke nan Azahar na shiga wajen 12:40 a lokacin sanyinsu, wajen 1:40 a lokacin ɗumi. Alƙibla kuwa ba gabas ba ce kamar yadda aka saba a gida, kudu maso gabas take.

A watan Yuni abin da sauƙi: ka yi Azahar a Flåm a kan ciyawar bakin ruwa, rana kuma ba ta faɗuwa sai wajen 11 na dare, kana masauki tuni. A Disamba ne lissafi ke rikicewa. Rana na fitowa kusan 9:45, ta faɗi wajen 3:30, sai Azahar, La'asar da Magariba duk su faɗo cikin awa uku kana tsakanin ruwa da dogo. Batun ƙasaru da haɗa salloli, ka zauna da malaminka tun kafin ka tashi, ka gaya masa nisan tafiyar da kwanakin da za ka yi a Bergen. Babu buta a bayinsu, ka riƙe ƙaramar gora daban. Ka yi alwala a tasha, na cikin jirgin ƙasa ya yi ƙunci, kuma ba a son a bar ruwa a ƙasa.

Hawan dutse

Layin Flåm kilomita 20 ne kacal, amma yana ɗaga jirgi daga bakin teku zuwa mita 866 a Myrdal cikin kusan awa ɗaya. A mafi yawan hanyar, duk mita 18 da aka yi gaba an hau mita ɗaya, kuma da ƙafafun ƙarfe na yau da kullum, ba haƙoran da ake sa wa wasu jiragen dutse. Ramuka 20 ne a hanyar, 18 daga ciki da hannu aka haƙa su. An fara aikin a shekarun 1920, aka buɗe layin a 1940. A kusa da sama akwai ramin da jirgin ke juyawa gaba ɗaya a cikin dutse, ka shiga kwarin yana wannan taga, ka fito yana waccan.

Tikitin bai ba ka lambar kujera ba, wanda ya riga shiga shi ke zaɓe. Ka tsaya a layi minti 20 kafin lokaci. In daga Flåm kake hawa, hannun dama ya fi yawan kallo, ta nan ake ganin magangarar Rjoandefossen da kwarin a shimfiɗe. Ka nemi tagar da ake iya saukewa in kana son hoto ba ƙyallin gilashi.

A magangarar ruwa ta Kjosfossen jirgin yana tsayawa kamar minti biyar, kowa ya sauka ya ga ruwan. Dandamalin katako ne, feshin ruwa ya jiƙa shi, yana da santsi. A lokacin ɗumi za ka ji kiɗa ya tashi, wata mace cikin jajayen kaya ta fito tana rawa a gefen dutse. Wasa ne na wata aljanar tatsuniyarsu da suke kira Huldra, ƴan rawa ne aka ɗauka aiki. Da ka ji usur, koma taragonka, ka kuma riƙe hannun yara tun daga sauka.

Myrdal tasha ce kawai a kan dutse, da ɗakin jira da ɗan wurin shan shayi, babu titin mota da ya iso ta. Jirage biyu ke ratsawa, ɗaya zuwa Bergen, ɗaya zuwa Oslo, wani lokaci kusa da juna. Ka karanta allo, ka tambayi ma'aikaci kafin ka sa ƙafa. Wanda ya hau na Oslo bisa kuskure zai yi nisa cikin tsaunuka kafin ya samu na dawowa. Daga Myrdal zuwa Bergen kusan awa biyu ne. Kada ka tsara tafiyarka a kan jirgin ƙarshe na ranar, ka bar ɗaya a bayanka.

In igiyar ta tsinke

Jirgin ruwa ya tafi ya bar ka a Gudvangen? Akwai bas da ke bi ta ramin dutse mai kilomita 11 ya kai ka Flåm cikin minti 20. Ka rasa fiyod, amma ka tsira da sauran tikitocin, kuma in akwai kujera za ka iya yin zagayen ruwan daga Flåm. In jirgin dutsen ne ya kuɓuce maka, je wurin sayar da tikiti ka nemi na gaba. Daga Mayu zuwa Satumba yakan tashi kusan sau tara ko goma a rana, a lokacin sanyi kamar sau huɗu. In babu, manyan bas na bi ta Flåm zuwa Voss da Bergen, tafiyar kusan awa uku. Zaftarewar ƙasa ko ta ƙanƙara takan rufe hanya ko dogo, musamman bayan ruwa mai yawa. A irin wannan hali Vy kan kawo bas a madadin jirgi, kuma sanarwar tana zuwa ta manhaja ko saƙon waya, shi ya sa lambar da za ka ba su wajen saye ta zama wadda ke aiki a can. Lambar gaggawa ta ƴan sanda 112 ce, ta motar asibiti 113.

Mai zuwa tsakanin Nuwamba da Fabrairu ya duba abu ɗaya kafin ya biya: jirgin ruwan ya kasance tsakanin 10 na safe da 3 na yamma, in ba haka ba duhu zai biya kuɗi ya kalla. Mayu da Satumba sun fi daɗin sha'ani, jama'a sun ragu, rana tana da tsawo, a Mayu kuma ƙanƙarar kan duwatsu na narkewa, magangaru sun cika. Kowane wata ka zaɓa, kada ka sa jirgin samanka na komawa gida a daren ranar. Makarar awa biyu a Myrdal ta isa ta sa ka rasa jirgin Amsterdam, da na Legas da ke bayansa.